Birin da Ke Sara wa Bango

Zuwa ga 'Yar Baba,

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa mai yawa, ina fata kina lafiya, da aiki, da mutanen gidan da kike haya. Mu nan lafiya lau, sai godiyar Allah. Gwiwar Babanku ta ɗan lafa tun da ya bar hawa keke, idon ne dai kullum yake ƙara dishi-dishi. Ni kuma jirin nan yana zuwa yana tafiya, ina shan maganin da kika aiko.

Wannan hannuna ne, ba na matar tela da ta saba rubuta min ba. Malamar ajinmu na manya ta ce na kai in rubuta wasiƙa ni kaɗai. In kin ga layi ya gangara kada ki yi dariya, a bayan faranti nake dannewa. Ban kira ki a waya ba don kin san wayar ta Babanku ce, kuma ba ya ji sai an buɗe murya duk tsakar gida ta ji. Shi ya sa zan ba direban da ke zuwa garinku.

Ga abin da ya tsaya min a rai. Kin daɗe ba ki rubuto ba, sai ga wasiƙarki. Ni ba na karatu da gudu irin naku, da yatsa nake bi, don haka ba abin da ke wuce ni. Kin gaida Babanku a layi ɗaya. Sauran takardar duk Saje ne. Me Saje yake ci, ina yake kwana, yaya tsawon sarƙarsa, haƙoransa na gaba suna nan ko an cire. Birin wasan Babanku ne fa, 'Yar Baba. Tun kina firamare yake saka jar rigarsa yana sara wa mutane a ƙofar lambun shaƙatawa, ba ki taɓa tambayar tsawon sarƙarsa ba. Yau me ya kawo wannan?

Abin da ya sa na tambaya, kwanan baya wasu samari da 'yan mata sun zo ƙofar lambun da riguna iri ɗaya da kwalaye a hannu. Babanku ya ce sun tsaya daidai inda yake shimfiɗa tabarmarsa, suna cewa a daina wasa da dabbobi. Bai iya karanta kwalayen ba, mai hoto ne ya karanta masa. Ya dawo gida yana dariya, wai yara ne da suka ƙoshi. Ni ban yi dariya ba, don na tuna a asibitin dabbobi kike aiki.

Ki faɗa min gaskiya, kina cikinsu?

Da na karanta masa wasiƙarki na tsallake tambayoyin nan. Na ce kin gaishe shi, kin gaida Saje. Ya ji daɗi, ya ce wa birin, "Ka ji, yayarka tana gaishe ka." Allah ya yafe min.

Ki ci abinci. Ki ba ni amsa ta hannun direban nan, kada ki ba kowa.

Innarki

*

Inna,

Wa alaikumus salam. Na ga wasiƙarki, na kuma ga hannunki. Wallahi sai da na nuna wa abokan aikina, na ce ku ga rubutun Innata. Layin da ya gangara ma ya yi min kyau. Ina lafiya, aiki ne dai ya yi yawa. Ki ci gaba da shan maganin ko da jirin ya tafi, kada ki yi halinki na ajiyewa da kin ji sauƙi. Ki gaida Baba, ki ce ya daina goge idon da bakin riga.

Ba zan yi miki ƙarya ba. E, ina cikin ƙungiyar. Ba ni cikin waɗanda suka zo ƙofar lambun, reshenmu daban, amma maganarmu ɗaya. Inna, a wurin aikina ake kawo su. Dawakin da ake ɗora wa yara tun safe har kofatonsu ya tsage. Macijin da aka ɗinke wa baki don a ɗauki hoto da shi. Birai da yawa, duk da tabo a ƙugu inda sarƙa ta ci. Duk wanda na wanke wa ciwo, Saje nake gani.

Ban ce Baba mugu ne ba. Na san yadda yake son birin nan, ni ma har kishi nake yi da shi ina ƙarama. Amma so daban, abin da dabba ke ji a jikinta daban. Akwai wani gandu a bayan garin nan inda ake ajiye irinsu, ba sarƙa, ba riga, cikin 'yan uwansu. Ina so wata rana Baba ya gan shi da idonsa.

Ba na son ki yi komai yanzu. Ki dube shi kawai, lokacin da ba ya wasa, lokacin da Baba ba ya kusa. Abin da kika gani ki rubuto min. Kuma ki kwantar da hankalinki, ba zan bari kowa ya zo gidanmu ba ki sani ba.

Ina kewarku.

'Yarki

*

Zuwa ga 'Yar Baba,

Assalamu alaikum. Ina gaishe ki, ina fata kina lafiya. Muna lafiya. Babanku ya yi mura, ta sake shi. Na gaya masa zancen bakin riga, ya ce ki zo ki hana shi da kanki.

Na karanta wasiƙarki, na ajiye, na yi wanki, na dawo na sake karantawa. Layin ƙarshen nan ne ya hana ni sakat. Kin ce ba za ki bari kowa ya zo gidanmu ban sani ba. To ashe akwai masu zuwa ke nan? Su wa? Yaushe? Mutum ba ya cewa zai sanar da ke zuwan baƙi sai in ya san baƙin sun ɗaura takalmi. Tun ranar, duk motar da ta tsaya a layinmu sai na leƙa ta katanga. Jiya mai karanta mitar wuta ya buga ƙofa, na kusa zubar da tukunya.

Kuma ban ji daɗi ba da kika nuna wa mutane wasiƙata. Ke na rubuta wa.

Kin ce in duba. To na duba, kuma zan faɗa miki don ki gaya wa mutanenki su nemi wani gidan. Saje ba ya cikin wahala. Da safe Babanku ba ya kai ayaba bakinsa sai ya raba biyu, kuma babban ɓarin nasa ne. A tsohon kwat ɗin Babanku yake kwana, cikin akwatin katakon da ke bakin ɗakin girki, ba a waje ba. In an yi sanyi ruwan ɗumi ake masa wanka, ni ce mai dafawa. Rigarsa guga nake mata, wadda ban yi wa tawa. Haƙoran da kika tambaya babu su, amma a haka Babanku ya same shi, ba shi ya cire ba. Sarƙar kuwa ta kai daga turke zuwa bakin famfo, ya isa ya sha ruwa, ya isa ya shiga inuwa. Ke ma da kika yi makaranta har kika san sunan cututtukan dabbobi, ki tuna da sarawar birin nan aka saya miki littafi.

Ga ladabi kuma da ko 'ya'yan mutane ba su da shi. Bari in ba ki dariya. Shekaranjiya Babanku ya fita aski, ni kaɗai ce a gida, ina wanke-wanke. Murfin babbar tukunya ya suɓuce min ya faɗi a siminti, ƙarar ta cika gida. Ina waiwayawa sai na ga Saje ya saki ɓawon da yake ci, ya miƙe tsaye ƙyam, ya ƙame, hannu a goshi. Ba kowa a gabansa, bango kawai yake sara wa. Na ce, "Saje, ai ba kowa, zauna." Bai sauke ba. Na gama ɗauraye kwanuka yana nan a tsaye. Sai da Babanku ya shigo ya ce masa "huta" sannan ya sauke hannu. Na ba Babanku labari muka yi ta dariya. Ki faɗa min, dabbar da ake zalunta za ta yi wannan biyayya?

Ki amsa min zancen masu zuwan nan. Kada ki zagaya.

Innarki

*

Zuwa ga 'Yar Baba,

Assalamu alaikum. Muna lafiya. Ban san ko ke kina lafiya ba, tun da direba ya je ya dawo, ya sake zuwa ya dawo, hannunsa ba komai. Har kunyar tare shi nake ji yanzu.

Amma na sami amsarki ta wata hanya.

Matar tela ce ta shigo min da takarda a hannu, ta ce an manna irinta a bangon lambun, an raba a tasha. Ta ce, "Maƙwabciya, ke da kika zama malama, karanta mana." Tana murmushin nan nata. Na karɓa, na sa yatsa. A sama zanen biri ne da hannu a goshi. A ƙasa aka rubuta wai matar wani mai wasa da biri ce ta faɗa. Sai na ga murfin tukunyata. Na ga bangona. Na ga "Saje, ai ba kowa, zauna," sun cire sunansa kawai. Ko kalmar da na yi kuskure na goge na gyara, tana nan yadda na gyara ta.

Ba su sa sunana ba, na gode musu. Amma a garin nan birai nawa ne ke sarawa? Kuma a gidan mai birin mata nawa ne?

Manajan lambu ya ce wa Babanku ya ɗan huta a gida har ƙura ta lafa, don mutane sun fara tsayawa suna jefar da cokali a ƙasa su ga ko Saje zai ƙame. Babanku bai san daga ina maganar ta fito ba. Shi ya taɓa ba mai hoto labarin murfin, don haka shi yake zargi. Mutumin da suke zaune wuri ɗaya tun kafin a haife ki, ya je ya kira shi munafuki a gaban jama'a. Ni da na san tushen maganar, ban faɗa masa ba. Yanzu yana zaune a tsakar gida tun safe, biri a gefensa, su biyu suna kallon ƙofa.

'Yar Baba, da furfurata na zauna a benci cikin mata ana mana dariya, ina zana baƙaƙe kamar 'yar yaye. Ba don in karanta allon kanti na yi ba. Don in yi magana da ke ba wani a tsakani na yi. Ashe gara lokacin matar tela, ita unguwa ɗaya take kai wa.

Yanzu na koma kan wasiƙunki na baya ina dubawa. Inda kika yabi rubutuna, yabo ne ko lallashi ne don in ƙara rubutowa? Inda kika ce kina kewarmu fa? Ban san wanne layi zan yarda da shi ba.

Ki gaya min ko ke kika ba su. In ke ce, ki ce ke ce.

Innarki

*

Inna,

Wa alaikumus salam. Ina fata jikinki da sauƙi, da na Baba. Wasiƙarki ta ƙarshe a hannun mai gadi na same ta, an tura mu aikin rigakafi ƙauyuka, ban samu na sanar da ke ba. Ba shiru na yi miki da gangan ba. Amma wadda ta gabace ta, mai labarin murfi, ta zo kafin in tafi.

Ni ce. Na karanta ta a taronmu, don na kasa riƙe ta ni kaɗai. Suka ce in bari su buga, na ce su cire suna. Na ɗauka cire suna ya isa. Ban yi tunanin tasha da matar tela da mai hoto ba, kuma ban tambaye ki ba. Ba ni da abin kare kaina a nan. Yabon rubutunki kuwa gaskiya ne, kewar ma gaskiya ce, ko ba ki yarda ba.

Amma Inna, kin ba ni labarin don in yi dariya, ni kuwa kuka na yi. Kin tuna lokacin da aka kawo shi yana ƙarami? Ke kina ɗaki ba ki son gani, ni ina leƙe ta taga. Baba yana buga ƙarfe a jikin tsohon garwa, in bai ɗaga hannu ba sai tsumagiya. A buga, a tsula. A buga, a tsula. Har ya gane in ya ji ƙarar ƙarfe, hannu a goshi ne kaɗai ke hana duka. Haka kowa ke koya musu, Baba ma haka aka koya masa. Na san ya ajiye tsumagiyar tuntuni. Saje ne bai sani ba. Ba bango yake girmamawa ba, Inna. Jira yake a doke shi.

Yanzu zancen masu zuwa. Da na rubuta layin nan ban san da kowa ba, kwantar miki da hankali kawai nake yi. Amma yanzu akwai. Hukuma ta ce kafin ƙarshen wata mai zuwa za a bi a karɓe dabbobin da ake wasa da su a lambuna da tashoshi. Ba takardarmu kaɗai ta jawo ba, amma tana ciki. Na ga yadda ake yi. Mota za ta tsaya a ƙofa, unguwa ta taru, a zo da raga da allurar barci. Saje ya tsufa, ba haƙora, ban san ko zuciyarsa za ta ɗauka ba. Ban san ko ta Baba za ta ɗauka ba.

Amma wanda ya kai tasa da kansa, ba raga, ba taro. Na yi magana da mutanen gandun, za su karɓe shi daga hannun Baba.

Roƙona ɗaya. Ki karanta wa Baba wannan wasiƙar duka. Kada ki tsallake ko layi ɗaya, har inda na ce ni ce. Mai hoto bai yi komai ba.

'Yarki

*

Zuwa ga 'Yar Baba,

Assalamu alaikum. Muna nan da rai da lafiya. Jirin ya dawo, ina shan magani.

Ban yarda da ke ba da na karanta. Na ce yarinyar nan ta iya tsara magana, aikinsu ke nan. Na ɓoye wasiƙar cikin kwanon da ba a amfani da shi. Sai da Babanku ya fita sallah na ɗauko murfin nan, na tsaya inda zan ga fuskar Saje, na sake shi da gangan.

Ranar farko bayansa na gani. Wannan karon idonsa na gani. Ya ƙame, hannu a goshi, amma idon ba bango yake kallo ba, gefe yake zarewa, wajen da hannun mutum zai fito. Sai na ga fitsari yana bin ƙafarsa, bai motsa ba. Na ce masa "huta," bai san muryata a wannan kalmar ba. Na zauna a ƙasa kusa da shi har Babanku ya dawo. Shekara da shekaru ina guge masa riga ban taɓa kallon idonsa yana sarawa ba. Hannun kowa ke kallo.

Bayan mun ci abinci na ce, "Malam, akwai wasiƙa, kuma doguwa ce." Na fara tun daga ta farko, wadda na tsallake masa tambayoyi. Ya ce, "Wannan ai kin karanta min." Na ce, "Rabi na karanta maka." Na bi su ɗaya bayan ɗaya. Da na zo inda kika ce ke ce, ya ɗaga min hannu na tsaya. Sannan ya ce in ci gaba. Da na zo wajen garwa da tsumagiya sai da na sha ruwa sannan na ƙarasa.

Ya ce, "Rabon da in taɓa shi da bulala tun yarinyar nan ba ta shiga sakandare ba."

Na ce, "Ta sani. Ta rubuta."

Ya ce, "To me take so in yi, in koma in cire masa daga kai?"

Ya tashi ya sa hula ya fita. Ashe wurin mai hoto ya je. Ban san me suka ce wa juna ba, amma tare suka dawo har ƙofar gida.

Ga saƙonsa, yadda ya faɗa zan rubuta. Ya ce ba wanda zai jefa wa Saje raga yana raye. Zai kai shi da ƙafarsa. Amma ya ce ki gaya wa mutanen gandun ranar, ke kuma kada ki zo. Ya ce, "Ki faɗa wa Likita ba na son in gan ta a wurin."

Likita fa ya kira ki. Tun da aka haife ki ban taɓa jin ya kira ki da wani abu ba sai 'Yar Baba. Na so in gyara masa a takarda, amma ke kika ce kada in tsallake komai.

Ni ma ban gama hucewa ba, kada ki ɗauka na huce. Kin yi gaskiya a kan birin. Wannan bai ba ki ikon ba da wasiƙata ba.

Innarki

*

Inna,

Wa alaikumus salam. Allah ya ƙara sauƙi. Na ji saƙon Baba. Ba zan zo ba.

Na gaya musu ranar Talata. Direban da ke kawo wasiƙunmu ya san hanyar, zai sauke ku a bakin ƙofa. Kada a ba Saje abinci mai yawa kafin tafiya, mota tana juya musu ciki. Ku tafi da tsohon kwat ɗin, zai kwana a kansa kwanakin farko. Za su fara ajiye shi shi kaɗai inda zai riƙa ganin sauran ta waya, sai ya saba sannan a haɗa su.

Wasiƙunki suna cikin akwatina, na kulle. Ba wanda zai sake ganinsu.

Ki riƙe hannun Baba a wajen matakala, akwai guda mai tsayi a ƙofar.

'Yarki

*

Zuwa ga 'Yar Baba,

Assalamu alaikum. Mun je, mun dawo lafiya. Gwiwar Babanku ta kumbura saboda zaman mota, ina gasa masa. Matakalar da kika faɗa tana nan, na riƙe shi, ya ce in sake shi, ban saka ba.

Ina ta waige-waige a wurin, ina duba bayan bishiyoyi da tagogin ofis. Na ce yarinyar nan tana nan a laɓe, ko ta turo mai ɗaukar hoto. Ban ga kowa ba sai wata mata mai takalmin roba da wani dattijo mai ɗauke da bokiti. Kin cika alkawari, na rubuta miki wannan.

Babanku ya sa wa Saje jar rigar tun daga gida, ya ce ba zai shiga cikin baƙi tsirara ba. A bakin kejin ya durƙusa da gwiwar nan tasa, ya ɓalle maɓallan da kansa, ya ninke rigar ya ba ni. Sannan ya kwance sarƙar. Ƙugun ba gashi, zobe ne fari ya zagaye shi, fatar ta yi kanta. Matar ta gani, ta kau da kai, Allah ya yi mata albarka. Babanku ya shafa wurin da yatsa. Idonsa ba ya gani sosai, ina jin ranar ya fara sanin faɗinsa.

Ya shiga da shi ciki, ya shimfiɗa masa kwat. Can ta bayan waya wasu birai suka taso suna leƙe, Saje ya maƙale a ƙafar Babanku. Sai dattijon nan ya ja ƙofar ƙarfe ta kejin da ke kusa, ta bugu da ƙarfi. Kin san sauran. Ya saki ƙafar, ya miƙe, hannu a goshi.

Na jira Babanku ya ce "huta." Bai ce ba. Ya sa hannu ya kama ɗan hannun nan, ya sauke shi a hankali, ya riƙe a ƙasa. Saje ya mayar. Ya sake saukewa. Ya ce masa, "Ba kowa, Saje. An tashi aiki." Suna nan a haka har matar ta juya baya ta shiga gyaran bokitin da ba abin da ya same shi.

Muna isa gida ya cire turken, ya jingine akwatin a bayan ɗaki. Da safe har yanzu in ya ɓare ayaba sai ya raba biyu, ya tsaya da ɓari ɗaya a hannu. Ni nake karɓa in ci, ko ba na so. Mai hoto yana zuwa da yamma su zauna a ƙofa, ya ce zai koya masa riƙe wa masu ɗaukar hoto madubi da lema, Babanku ya ce sai ya yi tunani.

Yau ya ga na ɗauko faranti da biro. Ya zauna a bakin ƙofa yana jan carbi kamar ba ruwansa. Har na kai nan sannan ya yi gyaran murya. Ga abin da ya ce in tambaya, ban rage ba, ban ƙara ba.

Yana cin abinci? Me suke ba shi? A gaya musu ba ya iya gatsa abu mai tauri, sai an yanka masa ƙanana. A kan kwat ɗin yake kwana ko a ƙasa? Manyan nan ba sa dukansa? Ƙugun ya fara gashi? Kuma ƙofar nan ta kusa da shi, a ɗaura mata tsumma ko roba don ta daina bugawa.

Na ce, "Malam, wa zan ce ya duba duk wannan?"

Ya ce, "'Yar Baba mana. Ba aikinta ba ne?"

Na ce, "Likita zan rubuta?"

Ya ce, "Rubuta abin da kika ji."

To na rubuta. Ki je ki duba da idonki, ki amsa kowace tambaya a layinta, da manyan baƙaƙe. Zan karanta masa duka.

Innarki